Da Ɗan Gari Akan Ci Gari: Tambayar Lamiri a Ƙarƙashin Mamaya



Akwai tambayoyin da mukan so a bar su a ajin seminari, domin amsarsu tana da nauyi. Ɗaya daga cikinsu ita ce wannan: idan sojojin abokan gaba suka ci ƙasa, suka zauna a cikinta da ƙarfin bindiga, mene ne ya wajaba a kan farar hula, wato manomi da akawu da malamin makaranta da uwar 'ya'ya? Ya ci gaba da aikinsa, ya kame bakinsa don ya ciyar da iyalinsa? Ko kuwa ya ƙi, alhali ya san ƙin nan zai iya jawo kisa a kansa da kan maƙwabtansa? 'Yan'uwanmu na Gwoza da Madagali da Michika da Mubi, waɗanda garuruwansu suka faɗa hannun Boko Haram a 2014, ba a littafi suka gamu da wannan tambaya ba. Saboda haka ba ma ɗaukarta da wasa. Amma domin mu dube ta a tsanake, za mu ɗauki misalin wata ƙasa mai nisa wadda aka rubuta tarihinta dalla-dalla, wato Holand, cikin shekara 5 da ta yi a hannun Jamusawa lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, wanda dattawanmu suke kira Yaƙin Hitila.

Rayuwa ba ta tsaya ba

Sojojin Jamus sun kutsa Holand ran 10 ga Mayu 1940. Ran 14 ga wata jiragensu suka yi wa birnin Rotterdam ruwan bama-bamai, washegari kuma sojojin ƙasar suka miƙa wuya. Sarauniya Wilhelmina da ministocinta kuwa sun riga sun ƙetare zuwa Landan. Hitila ya naɗa wani mutumin Ostiriya mai suna Arthur Seyss-Inquart ya riƙe masa ƙasar. Bayan 'yan makonni sai al'amura suka koma kamar da: kantuna suka buɗe, yara suka koma makaranta, ana yin Misa ran Lahadi, ana biyan albashi a ƙarshen wata. Jamusawa ba su kori ma'aikatan gwamnati ba, domin ba su da isassun mutanen da za su maye gurbinsu. Su ma ma'aikatan suna da hujjar zama, gama tun 1937 gwamnatinsu ta ba su umarni cewa idan aka mamaye ƙasa su tsaya a bakin aikinsu, muddin tsayawar ta fi amfanar jama'a fiye da abokan gaba.

To, wannan zama laifi ne? Amsarmu ita ce a'a. Mai gasa burodi da ungozoma da mai gyaran famfo da likita, jama'arsu suke yi wa hidima, ko da wane ne yake zaune a fadar mulki. Da sun watsar da aikinsu, da marasa lafiya da yara ne za su fara shan wuya. Waliyi Toma Akwinas ya koyar cewa doka marar adalci iri biyu ce. Akwai wadda take ƙwarar mutum a dukiyarsa ko 'yancinsa, kamar haraji mai nauyi ko hana fita da dare. Wannan ba ta ɗaure lamiri, amma mutum yana iya jure mata don gudun fitinar da ta fi ta muni. Akwai kuma wadda take umartar mutum ya aikata abin da Allah ya hana. Wannan kam ba a bin ta ko ta halin ƙaƙa. Hausawa sukan ce bin na gaba bin Allah ne, kuma akwai gaskiya a ciki, amma gaskiyar tana da iyaka. Ranar da na gaba ya juya wa Allah baya ya ce a bi shi, to hanya ta rabu biyu. Ungozomomin nan Shifra da Fu'a sun ci gaba da karɓar haihuwa a ƙarƙashin mulkin Fir'auna, ba wanda ya ga laifinsu; da aka ce su kashe jarirai maza, nan suka tsaya.

Matsalar ita ce, a zahiri ba a zuwa wa mutum da irin wannan umarni kai tsaye. A hankali ake zuwa, da takarda da alƙalami.

Yadda aka shiga sannu-sannu

A watan Oktoba 1940 aka raba wa ma'aikatan gwamnati wata takarda, kowa ya rubuta ko yana da jinin Yahudawa ko babu. Ƙalilan ne suka ƙi sa hannu. Sauran suka ce a ransu, ai gaskiya ce kawai muke rubutawa, wa muka cuta? Wata guda bayan haka aka dakatar da duk Yahudawan da ke aikin gwamnati, domin waɗanda suka rubuta cewa su ba Yahudawa ba ne sun riga sun nuna waɗanda suka rage. A watan Janairu 1941 aka umarci dukan Yahudawa su yi rajista, akawunan ƙananan hukumomi kuwa suka yi aikin da kyau kamar yadda suka saba. Shugaban sashen rajistar jama'a, Jacob Lentz, ya tsara katin shaida mai hoto da dangwalen yatsa, mai wuyar jabu ƙwarai, aka buga wa na Yahudawa babban harafin J. A watan Mayu 1942 aka tilasta musu ɗinka tauraro mai ruwan ɗorawa a rigunansu. Daga tsakiyar Yuli na shekarar jiragen ƙasa suka fara kwasar su daga sansanin Westerbork zuwa Auschwitz, daga baya har da Sobibor. 'Yan sandan Holand sun taya a kama su, kamfanin jirgin ƙasa na Holand ne ya yi jigilarsu zuwa Westerbork, ya kuma karɓi kuɗin mota.

Yahudawan Holand sun kai kimanin 140,000. An kwashe kusan 107,000, waɗanda suka dawo kuma ba su wuce kimanin 5,000 ba. Wato kashi uku cikin huɗu sun hallaka, abin da ya fi na kowace ƙasa a yammacin Turai. Masana tarihi suna kawo dalilai da dama: ƙasar ƙarama ce, shimfiɗaɗɗiya, ba duwatsu ko dazuzzukan ɓuya, masu tsattsauran ra'ayi na jam'iyyar Nazi ne suka riƙe ta, hanyoyin ɓoye mutane kuma sun makara kafin su kafu. Amma duk sun yarda cewa tsabtar rajista da biyayyar ma'aikata sun sauƙaƙa wa azzalumai aikinsu. Da ɗan gari akan ci gari. Yawancin 'yan garin nan kuwa ba mugaye ba ne. Magidanta ne masu zuwa coci, masu tsoron rasa albashi. Akawu ya ce shi suna kawai ya rubuta. Ɗan sanda ya ce shi ƙofa kawai ya ƙwanƙwasa. Direba ya ce shi jirgi kawai ya ja. An yanka mugun aiki gunduwa-gunduwa, har kowa ya ga nasa rabon bai kai a kira shi zunubi ba.

Ina iyakar take?

Ikilisiya ta daɗe tana nazarin abin da ake kira taimakon mugunta. Ta bambanta wanda ya taimaka da zuciyarsa, yana son abin da azzalumi yake so, da wanda hannunsa kawai ya shiga, zuciyarsa tana ƙi. Na farko mai laifi ne a kowane hali. Irinsu ne waɗanda a 1943 suka riƙa farautar Yahudawan da suka ɓuya, ana biyansu gilda bakwai da rabi, kuɗin ƙasar, a kan kowane rai. Na biyu kuwa sai a duba kusancinsa da ɓarnar. Manomin da aka ƙwace masa dankali aka ciyar da sojoji yana nesa da ita. Wanda ya rubuta jerin sunayen da za a kama, ko ya nuna gida, ko ya kulle ƙofar tarago, yana tsakiyarta, domin in ba da hannunsa ba abin ba zai yiwu yadda ya yiwu ba. A nan faɗin cewa "zuciyata ba ta so" ba ya wanke mutum. Tsoro yana rage nauyin laifi a gaban Allah, wanda shi kaɗai ya san abin da kowace zuciya za ta iya ɗauka, amma tsoro ba ya mai da mugun aiki ya zama nagari.

Saboda haka ma'aunin da muke bayarwa mai sauƙin faɗa ne, ko da yake yana da wuyar bi. Kada mutum ya tambayi kansa, "Ina aiki a ƙarƙashinsu?" domin duk ƙasar tana ƙarƙashinsu. Ya tambayi kansa, "Wannan abin da aka sa ni yau, a kan wa zai sauka?" In amsar ita ce zai miƙa marar laifi ga mai kashe shi, to an iso iyaka.

Waɗanda suka tsaya

Akwai waɗanda suka gane iyakar. Ran 22 da 23 ga Fabrairu 1941 Jamusawa suka kama samarin Yahudawa fiye da 400 a titunan Amsterdam. Ran 25 ga wata ma'aikatan jiragen cikin gari da na tashar jiragen ruwa da na masana'antu suka shiga yajin aiki, bisa kiran 'yan kwaminis, birnin ya tsaya cik. An murƙushe yajin cikin kwana biyu, an harbe mutum 9, samarin da aka kama kuma kusan dukansu sun mutu a sansanonin gwale-gwale. Duk da haka har yau mutanen Amsterdam suna tunawa da ranar kowace shekara, domin a ranar leburori suka ce maƙwabcinsu ba abin jefarwa ba ne.

Fada Titus Brandsma, firist na ƙungiyar Karmel kuma shehun malami a Jami'ar Katolika ta Nijmegen, shi ne mai ba 'yan jaridar Katolika shawara ta ruhaniya. Da aka ce dole jaridu su buga tallace-tallacen 'yan Nazi na ƙasar, sai ya bi editoci ɗaya bayan ɗaya, da yardar Babban Bishop Johannes de Jong na Utrecht, yana gaya musu cewa jaridar da ta buga irin wannan ta daina zama ta Katolika. An kama shi ran 19 ga Janairu 1942, aka kashe shi da allurar guba a sansanin Dachau ran 26 ga Yuli na shekarar. Bai ɗauki makami ba, bai sa kowa a bakin wuta ba sai kansa. Paparoma Francis ya ayyana shi waliyi a 2022.

Mafi yawan turjiya kuwa a cikin gidaje aka yi ta, ba amo ba sanarwa. Wata uwar gida 'yar Furotesta, Helena Kuipers-Rietberg, tare da Fasto Frits Slomp, suka kafa a 1942 wata hanya ta nema wa masu gudu masauki, wadda ta bazu ko'ina a ƙasar. Kafin yaƙi ya ƙare mutum fiye da 300,000 suna ɓoye a ɗakunan sama da rumbuna da gonakin mutane: Yahudawa, ɗalibai, da samarin da suka ƙi tafiya aikin tilas a Jamus. Kowane ɗayansu yana bukatar abinci, abinci kuwa sai da katin rabo. A nan wasu akawuna suka zauna a kujerunsu, suna karkatar da katuna da takardun shaida zuwa ga maɓoya. Kujera iri ɗaya ce da ta waɗanda suka rubuta jerin sunaye, abin da aka yi da ita ne ya bambanta. Ita Helena an kama ta, ta rasu a sansanin Ravensbrück a ƙarshen 1944.

Idan wani ne zai biya

Yanzu mun zo inda tambayar ta fi tsauri, kuma ba za mu kauce mata ba. Mai mamaya ya san cewa akwai mutanen da ba sa tsoron mutuwa, saboda haka yakan ɗora hukuncinsu a kan wasu.

Ran 11 ga Yuli 1942 ikilisiyoyin Holand suka haɗu suka aika wa hukumar mamaya saƙo na ƙin kwasar Yahudawa. Jamusawa suka amsa da tayi: za a ƙyale Yahudawan da suka yi baftisma tun kafin 1941, amma kada a karanta saƙon a majami'u. Babbar ikilisiyar Furotesta ta ƙasar ta janye karantawa don ta ceci 'ya'yanta. Bishop-bishop na Katolika, da wasu ikilisiyoyin Furotesta, suka sa aka karanta. An yi haka ran Lahadi 26 ga Yuli, ranar da aka kashe Fada Titus. Mako guda bayan haka, ran 2 ga Agusta, aka kama Katolika 'yan asalin Yahudawa fiye da 200. A cikinsu akwai Edith Stein, masaniyar falsafa wadda ta zama sista a gidan Karmel na Echt, da 'yar'uwarta Rosa. An kashe su a Auschwitz ran 9 ga Agusta. Yahudawan da suka yi baftisma a ikilisiyoyin Furotesta ba a taɓa su a ranar ba, wasunsu kuma sun rayu har ƙarshen yaƙi.

Haka nan a farkon Oktoba 1944, bayan 'yan turjiya sun yi wa wata motar hafsoshin Jamus kwanton ɓauna kusa da ƙauyen Putten, aka ƙone gidaje kimanin 100, aka kwashe maza kusan 600. Fiye da 500 ba su dawo ba. A watan Satumba na shekarar kuma, da gwamnatin da ke Landan ta kira ma'aikatan jirgin ƙasa yajin aiki don taimakon sojojin ƙawance, Jamusawa suka hana kai abinci yammacin ƙasar. Sanyi ya zo da tsanani, mutane suka koma cin albasar furanni, kimanin mutum 20,000 suka mutu saboda yunwa da sanyi.

Wani zai ce, to ashe shiru ya fi. Baki shi ke yanka wuya. Muna da amsa uku.

Ta farko, alhakin jini yana kan wanda ya zubar da shi. Bishop de Jong bai kashe Edith Stein ba, manoman Putten kuma ba 'yan turjiya ne suka tura su sansani ba. Tun 1907 yarjejeniyar Hague ta haramta wa mai mamaya hukunta jama'a baki ɗaya saboda aikin wasu ɗaiɗaiku. Makircin ramuwar gayya shi ne a ɗauke laifi daga wuyan azzalumi a rataya shi a lamirin mutumin kirki, har ya ga cewa biyayya ita ce jinƙai. In muka yarda da wannan lissafi, to mun ba kowane mai bindiga mabuɗin lamirinmu, domin duk abin da yake so sai ya yi barazana da ran wani.

Ta biyu, wannan bai sauke wa mai turjiya nauyin aunawa ba. Malaman Ikilisiya sun koyar cewa hani yana ɗaure mutum kullum, a ko'ina, amma umarnin aikata alheri yana duban lokaci da hali. Ƙin miƙa marar laifi ba ya bukatar lissafi, wajibi ne. Amma kai hari, ko kiran yajin aiki, ko yin shela a bainar jama'a, waɗannan sai an tambaya: me za su ceto, wa zai biya, shi mai biyan kuma an shawarce shi? Wanda ya harba ya shige daji ya bar ƙauye da tsofaffi da yara, dole ya amsa waɗannan tambayoyi a gaban Allah, ko da dalilinsa na gaskiya ne. Jaruntakar da ta fi tsarki ita ce wadda mai yin ta yake ɗaukar kuɗinta a kansa.

Ta uku, game da wasiƙar bishop-bishop, ra'ayinmu shi ne sun yi daidai, domin abin da aka nema su saya da shirunsu shi ne raba Yahudawa gida biyu, namu da za a bari da nasu da za a kwashe. Makiyayin da ya karɓi wannan ciniki ya koya wa garkensa cewa ran wanda ba ya cikin majami'a bai kai a yi magana dominsa ba. Amma muna faɗar haka da rawar jiki. Ba a tambayi Edith da Rosa ba kafin a karanta wasiƙar, kuma ba za mu jefi waɗanda suka zaɓi shiru don su ceci rayukan da ke hannunsu ba. Wani lokaci duk hanyoyin da ke gaban mutum suna da kabari a gefensu, sai dai ya zaɓa da addu'a ya bar sauran ga jinƙan Allah. Abin lura shi ne bishop-bishop ɗin ba su ja da baya ba. A watan Fabrairu 1943 suka sake sa aka karanta wasiƙa wadda ta gaya wa Katolika, har da 'yan sanda da ma'aikata, cewa lamiri ya hana su sa hannu cikin kame mutane, Ikilisiya kuma ta tara kuɗi don tallafa wa waɗanda suka rasa aiki saboda sun ƙi.

Abin da za mu riƙe

Darasi mafi girma a tarihin nan shi ne na lokaci. A watan Oktoba 1940 wanda ya ƙi sa hannu a takarda, aikinsa ne a bakin hasara. A 1943 wanda aka kama yana ɓoye mutum, ransa ne. Ma'aikatan jirgin ƙasa sun nuna a 1944 cewa za su iya tsayar da jirage duka, amma sun tsayar ran 17 ga Satumba, jirgi na ƙarshe kuwa ya bar Westerbork ran 13 ga wata. Kamfanin bai nemi gafara ba sai 2005, gwamnatin ƙasar kuma sai 2020. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, lamiri ma tun ana zaman lafiya ake horar da shi. Wanda ya saba sa hannu a takardar ƙarya don shugaba ya ce, ko ya saba kau da kai idan ana cutar wanda ba ƙabilarsa ko addininsa ba, kada ya zaci zai wayi gari jarumi ranar da bindiga ta zo.

Sa'an nan mu tuna cewa hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Ba daidai ba ne mu ce wa ɗan sanda ko akawu ko direba ya bi lamirinsa, mu kuma bar 'ya'yansa da yunwa idan aka kore shi. Ikilisiyar da take wa'azin ƙin mugunta, wajibi ne ta shirya ciyar da iyalin wanda ya ƙi. Waɗanda kuma suka rayu a ƙarƙashin masu makami suka fito da nauyi a zuciya saboda abin da tsoro ya sa su yi, kada mu da muka kwana lafiya a gidajenmu mu yi saurin yanke musu hukunci. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ƙofar tuba a buɗe take, wanda ya gafarta wa Bitrus bayan ya yi musun saninsa don tsoro kuwa bai sake hali ba.

Allah ya kiyaye ƙasarmu daga irin wannan gwaji. In kuwa ya zo, ya ba mu idon gane iyaka, da zuciyar tsayawa a kanta. Waliyi Titus Brandsma da Waliyiya Edith Stein, ku yi addu'a dominmu. Amin.